Amana a Cikin Kwale-kwale: Masuntan Yammacin Ailan a Finafinai, 1934 zuwa 2019

1.0 Gabatarwa

Masu nazarin harshe da al'adu sun daɗe da lura cewa halin al'umma ya fi bayyana a wurin da take neman abincinta. Wannan maƙala za ta duba wata ƙaramar al'umma ta masunta da ke zaune a gaɓar yammacin ƙasar Ailan, masu magana da harshen Airish, wanda su da kansu suke kira Gaeilge. Za a bi diddigin yadda finafinai suka nuna abota da riƙon amana da sadaukar da kai a tsakanin waɗannan mutane cikin shekara 85, watau daga 1934 zuwa 2019.

Abin da ake son tabbatarwa guda ɗaya ne. Muddin baƙo ne ke riƙe da kyamara, kuma ba a sauraron maganar mutanen, to, teku kaɗai ake nunawa a matsayin abokiyar gabarsu, riƙon amanarsu kuwa sai ya zama tamkar wata halitta marar tarihi. Da masu harshen suka fara magana a fim da bakinsu, sai ta bayyana cewa abubuwan da suka fi jarraba amana daga tudu suke fitowa, watau kuɗin hayar gona da yunwa da kwaɗayi da dokar hukuma.

2.0 Ƙasar da Mutanenta

Ailan tsibiri ne a yamma da Ingila, yana fuskantar Tekun Atlantika. Ƙidayar 1841 ta nuna mutanen tsibirin sun haura miliyan 8, kuma kaso mai yawa daga cikinsu, musamman talakawan yamma, Airish ne harshensu na yau da kullum. Ƙasar noma tana hannun manyan masu filaye, talaka yana biyan haya, abincinsa kuma dankalin Turawa. A 1845 wata cuta ta auka wa dankalin, aka shiga Babbar Yunwa wadda ta ɗauki shekaru. Kimanin mutum miliyan 1 suka mutu, fiye da miliyan 1 suka yi hijira, galibi zuwa Amurka da Ingila. Ƙidayar 1851 ta sami mutum miliyan 6 da rabi, masu jin Airish kuwa wajen miliyan 1 da rabi. Daga nan harshen ya yi ta ja da baya har ya maƙale a wasu yankuna na gaɓar yamma, kamar Conamara da tsibiran Aran a lardin Galway, da Corca Dhuibhne a lardin Kerry, da arewa maso yammacin Donegal. Waɗannan yankuna su ake kira Gaeltacht. A ƙidayar 2022, waɗanda suka ce suna magana da harshen kullum ba a makaranta ba ba su kai dubu 72 ba a duk Jamhuriyar Ailan, kimanin dubu 20 daga cikinsu a Gaeltacht.

Mai karatu zai iya tambaya, yaya mutanen da ke bakin teku za su mutu da yunwa alhali ga kifi? Dalilan a bayyane suke. Jiragensu ƙanana ne, ba su iya shiga can cikin teku inda kifi ya fi yawa, lokacin hunturu kuma sukan yi makonni ba su fita ba. Babu matsayar jirage ta kirki, babu isasshen gishirin adana kifi, babu hanyar kai shi kasuwa. Daɗin daɗawa, da yunwa ta fara tsanani, da yawa sun jinginar da tarunansu da kayan sana'arsu don su sayi hatsi. Sai a 1891 gwamnatin Ingila ta kafa hukumar raya yankunan yamma masu fama da talauci, wadda ta gina matsayar jirage, ta kuma taimaka wa sana'ar su.

3.0 Kwale-kwalen da Ya Haifi Amana

Jirgin da waɗannan masunta suka gada shi ake kira curach, a Kerry kuma naomhóg. Ana ƙera gangar jikinsa da siraran katako, a dā a lulluɓe da fatar dabba, daga baya aka koma amfani da zane mai kauri a shafe shi da kwalta. Ba shi da nauyi, har mutum uku sukan kifa shi bisa kafaɗunsu su kai shi ruwa. A Aran mutum uku ne suka fi tuƙa shi, a Kerry huɗu, kowane da filafili biyu sirara.

Wannan siffa ta jirgin ita ce tushen maganar amana. Mutum ɗaya ba ya iya fita su da shi cikin babbar teku. In igiyar ruwa ta taso, dole matuƙa su ja tare, su dakata tare, domin kuskuren mutum ɗaya yana iya juya gefen jirgin ga igiyar, kowa ya halaka. Da yawansu kuma ba su iya iyo ba. Abin da aka kama rabawa ake yi kashi-kashi tsakanin waɗanda suka fita. Saboda haka abokan jirgi kan kasance 'yan'uwa ne ko maƙwabta, kuma zaɓen abokin tuƙi al'amari ne na rai da mutuwa. A tudu ma suna da al'adar taimakekeniya wadda suke kira meitheal ko comhar, mai kama da gayya a wurinmu. Ke nan amana a wurin waɗannan mutane sharaɗi ce ta sana'a kafin ta zama kyakkyawan hali.

Haɗarin wannan tsari shi ne, in jirgi ya nutse, gida guda ko unguwa guda ce ke rasa mazajenta. A daren 28 ga Oktoba 1927 guguwa ta taso ba zato, ta halaka masunta 45 a gaɓar Galway da Mayo. Ƙauyen Rossadilisk kaɗai ya rasa 16, tsibiran Inishkea suka rasa 10, kuma cikin 'yan shekaru mutanen Inishkea suka bar tsibiransu suka koma babban tudu. Shekara 4 bayan wannan masifa mai kyamara na farko da za mu duba ya sauka a Aran.

4.0 Idon Baƙo: Man of Aran, 1934

Robert Flaherty Ba'amurke ne, ya yi suna tun 1922 da fim ɗinsa Nanook of the North a kan mutanen ƙasar ƙanƙara ta arewacin Kanada. A ƙarshen 1931 ya iso Aran da kuɗin wani kamfanin finafinai na Ingila, ya yi kusan shekara 2 yana ɗaukar hoto. Fim ɗin, mai suna Man of Aran, watau Mutumin Aran, ya fito a 1934, kuma a wannan shekarar ya ci babbar kyautar fim ɗin ƙasashen waje a bikin finafinai na birnin Benis a Italiya.

Fim ɗin ya nuna miji da mata da ɗansu suna fama da dutse da ruwa: suna fasa dutse, suna haɗa ciyawar teku da ƙasar da suka tono daga tsagar duwatsu don su sami inda za su shuka dankali, maza suna farautar wani ƙaton kifi nau'in shak da mashi, a ƙarshe kuma mutum uku suna kokawa da guguwa a cikin curach. Hotunan suna da ban sha'awa ƙwarai, har yau ana koyar da su. Amma mutanen uku da aka nuna a matsayin iyali ba iyali ba ne, Flaherty ne ya zaɓo su saboda kyan fuska. Farautar shak kuwa an bar ta fiye da shekara 50 kafin zuwansa, sai da aka sake koya wa mutanen. Ba a ga coci ba, ba a ga kanti ba, ba a ga makaranta ba, ba a ga masu shirin hijira zuwa Amurka ba. Maganar da ake ji an naɗe ta ne daga baya a Landan, gutsi-gutsi ce, akasarinta da Turanci, an sa ta kamar yadda aka sa ƙarar iska da kukan tsuntsaye.

Duk da haka akwai sadaukarwa ta gaskiya a cikin wannan fim, sai dai ba wadda aka shirya ba. Matuƙan da suka shiga guguwar nan da gaske suka shige ta, da rayukansu, don baƙo ya sami hoto. Shi kansa Flaherty ya faɗa daga baya cewa ya cancanci a harbe shi saboda abin da ya sa waɗannan mutane suka yi a kan gangar giya guda da fam biyar-biyar. Abin da mai kallo ke gani a wannan wuri, yadda mutum uku suke karanta igiyar ruwa su ja kamar hannu ɗaya, gwaninta ce da amincewa da juna waɗanda ba a iya ƙirƙira. Abin da fim ɗin bai faɗa ba shi ne talaucin da ya sa fam 5 ta isa a sayi wannan kasada. A 1978 George Stoney, wanda kakansa ya taɓa zama likita a Aran, ya koma tsibirin ya yi fim mai suna How the Myth Was Made, inda mutanen suka bayyana ra'ayinsu: wasu suna alfahari da aikin, wasu suna jin an tallata talaucinsu ga duniya.

5.0 Daren Hira

Sa'ad da 'yan wasan Man of Aran suke Landan don naɗar murya, gwamnatin Ailan, wadda ta sami mulkin kai a 1922 kuma take ƙoƙarin farfaɗo da harshen, ta ba Flaherty kuɗi ya yi wani gajeren fim. Sunansa Oidhche Sheanchais, watau Daren Hira, ya fito a 1935, tsawonsa kimanin minti 11. Shi ne fim mai sauti na farko da harshen Airish. An daɗe ana zaton ya ɓace, sai daga baya aka gano kofensa a Jami'ar Harvard ta Amurka.

A cikinsa mutanen suna zaune a bakin murhu, wani dattijo gwanin tatsuniya, Seáinín Tom Ó Dioráin, yana ba da labari. Labarin sananne ne a gaɓar yamma: masunta suna cikin guguwa, ɗayansu ya jefa wa igiyar ruwa ƙarfe mai kaifi, ruwa ya kwanta, suka tsira. Daga baya aka zo aka tafi da shi wurin wata mace ta mutanen ɓoye, wadda ashe ita ce igiyar, ƙarfen yana soke a jikinta, kuma ba mai iya zare shi sai wanda ya jefa. A yawancin ruwayoyin labarin ba ya zarewa sai an yi masa alkawarin ba za a cuce shi da mutanensa ba.

Muhimmancin wannan ɗan fim ga maƙalarmu babba ne. Mutanen da shekara guda kafin nan aka nuna su kamar bebaye a gaban teku, da aka ba su minti 11 su yi magana, sai suka ba da labarin mutumin da ya ɗauki nauyin ceton abokan jirginsa, ya amsa kira shi kaɗai, ya ƙulla alkawari dominsu. Alkawari kuwa da harshe ake yin sa, saboda haka fim ɗin da ya toshe bakin mutane ba shi da hanyar nuna shi.

6.0 Masu Harshe Sun Karɓi Kyamara

An yi shekara 40 da ɗoriya kafin a ci gaba daga inda Daren Hira ya tsaya. A 1969 matasan Conamara suka kafa ƙungiyar neman 'yancin mutanen Gaeltacht, kuma matsin lambarsu na daga cikin abin da ya sa aka buɗe gidan rediyon Raidió na Gaeltachta a 1972. A 1973 Bob Quinn, wanda ya bar aiki a gidan talabijin na ƙasa, ya kafa kamfanin Cinegael a Conamara. Fim ɗinsa Poitín na 1978 shi ne fim ɗin labari na farko da aka yi gaba ɗaya da Airish.

Poitín sunan wata barasa ce da ake dafawa a ɓoye. Taurarin fim ɗin ba masunta ba ne, amma labarin ya ƙare a cikin jirgi, kuma ya juya hoton Flaherty baibai. Wani tsoho yana dafa barasa, dillalansa biyu suka cinye kuɗinsa, sa'an nan suka zo gidansa da dare suna barazana gare shi da 'yarsa. Tsohon ya ce musu sauran barasar tana ɓoye a cikin tafki, ya sa su a jirgi mai yoyo, suka nutse. Jirgin da ya kasance alamar dogaro da juna ya zama makamin ramuwa, kuma Bahaushe ya riga ya ce kowa ya ci amana, amana za ta ci shi. Da aka nuna fim ɗin a talabijin a ranar bikin Waliyyi Patrick ta 1979, masu kallo da yawa sun fusata, suna ganin an ci mutuncin yamma. Wannan fushi shaida ne cewa mutane sun saba da hoton talaka mai tsarkin zuciya har sun manta cewa inda ake riƙon amana, nan ne kuma ake iya cin ta.

A ranar 31 ga Oktoba 1996 aka buɗe tashar talabijin ta harshen Airish, hedkwatarta a Conamara, wadda daga 1999 ake kira TG4. Ita ta ba marubuta da 'yan wasan yankin wurin aiki na dindindin. Daga cikin abin da ta haifar akwai An Bronntanas, watau Kyauta, na Tom Collins a 2014. Ma'aikatan jirgin ceto na wani gari a Conamara, mutanen da aikinsu shi ne sayar da rai don ceton wasu, sun tarar da jirgin su da aka yasar a teku, cike da miyagun ƙwayoyi na kuɗi masu yawa. Garin yana cikin matsi, masana'antar kifinsa tana tangal-tangal. Abin da guguwa ta kasa yi wa zumuncin wa da ƙane, tsintuwa ta yi shi. A shekarar 2014 ɗin dai Loïc Jourdain, Bafaranshe mazaunin Donegal, ya fitar da fim na gaskiya a kan John O'Brien, masunci daga tsibirin Inis Bó Finne, wanda ya yi shekaru yana kai kukan ƙananan masuntan tsibirai har gaban hukumomin Tarayyar Turai, bayan an hana kamun kifin salmon da tarun shawagi a 2007. A nan doka ce ta tsaya a matsayin guguwa, amanar kuma ta tsibiri ce baki ɗaya.

7.0 Arracht, 2019

Fim ɗin da ya fi tattara waɗannan zare shi ne Arracht na Tom Sullivan, wanda aka yi ƙarƙashin shirin Cine4 da TG4 da abokan aikinta suka ƙaddamar a 2017. Ma'anar sunan ita ce Dodo. Labarin ya fara a Conamara a 1845. Colmán Sharkey, wanda Dónall Ó Héalaí ya fito a matsayinsa, masunci ne kuma manomi, yana da mata da ɗa da ɗan'uwa abokin jirgi. Limamin coci ya roƙe shi ya sauki wani baƙo, Patsy Kelly, tsohon sojan Ingila, ya ba shi wurin kwana da gurbi a jirgi. Colmán ya karɓa, domin ba a mayar da baƙo.

Da cutar dankali ta bayyana, mai filaye kuma ya ƙara kuɗin haya, Colmán ya tafi gidansa don ya roƙi sassauci, tare da ɗan'uwansa da Patsy. Daren ya ƙare da zubar da jini. Patsy ne ya yi kisan, Colmán aka ɗora wa laifin, ya gudu. Bayan shekara 2 muka same shi a cikin kogo a wani tsibiri, yunwa ta cinye iyalinsa, shi kansa ya fid da rai da rayuwa. Abin da ya dawo da shi shi ne wata yarinya marainiya, Kitty, wadda ya tsinta ba ta da lafiya, ya yi jinyarta, ya ciyar da ita daga teku, ya koya mata hanyoyin tsira, alhali fitowarsa fili dominta tana iya kai shi ga igiyar rataya.

Abubuwa uku ne abin lura. Na farko, teku a wannan fim mafaka ce da rumbu, dodon yana tudu, ko a ce yunwa ce, ko tsarin hayar ƙasa, ko mutumin da yaƙin daular Ingila ya lalata wa zuciya. Na biyu, amanar da ta halaka Colmán da wadda ta cece shi iri ɗaya ce, watau karɓar wanda ba naka ba. Fim ɗin bai ce kyautata wa baƙo wauta ce ba, bai kuma ɓoye tsadarta ba. Na uku shi ne rabon harsuna: Airish ne harshen gida da jirgi da jinya, Turanci kuma harshen gidan mai filaye da na hukuma. Mai kallo yana jin canjin iko a kunnensa tun kafin ya gan shi. Ailan ta zaɓi wannan fim ya wakilce ta a gasar Oska ta 2021.

8.0 Jirgin da Ya Tafi Sifen

Akwai fim ɗaya na gaskiya da ya dace a ajiye kusa da na Flaherty. The Camino Voyage na Dónal Ó Céilleachair, wanda ya fito a 2018, ya bi wasu abokai, cikinsu da mawaƙa da mai zane da marubuci, waɗanda suka tuƙa naomhóg da aka ƙera da hannu daga Dablin zuwa arewacin Sifen, don ziyarar Santiago de Compostela. Tafiyar ta kai kimanin kilomita 2,500, sun yi ta cikin bazara uku, daga 2014 zuwa 2016. Jagoransu shi ne Domhnall Mac Síthigh, wanda aka fi sani da Danny Sheehy, marubucin waƙoƙi, manomi kuma masunci daga Corca Dhuibhne. A watan Yuni 2017, suna ci gaba da tafiya kudu, jirgin ya kife a bakin kogin Minho, kan iyakar Sifen da Fotugal, Danny ya rasu.

Jirgi iri ɗaya ne da na 1934, haɗarin ma iri ɗaya. Bambancin shi ne waɗannan mutane su suka zaɓi tafiyarsu, ba wanda ya saye ta, kuma ana jin su suna gardama da barkwanci da waƙa da harshensu. Mai kallo ya san dalilin da ya sa kowannensu ya amince da ɗan'uwansa, don haka rashin Danny rashin mutum ne mai suna da murya.

9.0 Kammalawa

An ga yadda siffar curach da tsarin rabon kifi suka mai da amana sharaɗin sana'a a yammacin Ailan, da yadda yunwar 1845 da guguwar 1927 suka nuna tsadar wannan dogaro da juna. An ga Flaherty ya ɗauki hoton gwanintar matuƙa ya bar dalilanta, an ga kuma finafinan da suka biyo baya, daga Poitín zuwa Arracht, sun dawo da mai filaye da dillali da baƙo da jami'in hukuma cikin labarin. Wannan canji ya tafi kafaɗa da kafaɗa da samuwar rediyo a 1972, da talabijin a 1996, da asusun shirya finafinai a 2017, watau da kafofin da masu harshen suke da ta cewa a cikinsu.

Darasin da mai nazarin harshe zai ɗauka shi ne, kyamara tana iya nuna mutum uku suna jan filafili tare, amma wanda ya yi wa wani alkawari, da wanda ya saɓa, da abin da aka biya, sai an saurari maganarsu ake sani. Sauran aiki ga masu bincike shi ne nazarin kalmomin da waɗannan finafinai suke amfani da su wajen kiran aboki da maƙwabci da baƙo, da kuma matsayin mata, waɗanda tun daga Man of Aran aka fi nuna su a tsaye a bakin gaɓa suna jira, har zuwa Tarrac na 2022 inda mata huɗu na Kerry suka shiga naomhóg suka riƙe filafili da kansu.